Kujerar Bakori a Majalisar Dokoki: Daga Zaɓen Hawa-Hawa Zuwa Yau

Duk inda 'yan asalin ƙasar Bakori mazauna birane suka haɗu, ko wurin ɗaurin aure ne a Kaduna, ko wurin ta'aziyya a Kano, ko taron ƙungiya a Abuja da Legas, in aka shiga zancen siyasa ba a cika wuce kujeru uku ba: ta shugaban ƙasa, da ta gwamna, sai kuma ta sanata. In an matsa ƙwarai a taɓo ɗan Majalisar Wakilai da muke tarayya da 'yan'uwanmu na Ɗanja. Amma kujerar da ta fi kowace kusa da ƙofar gidajenmu, wato ta ɗan Majalisar Dokoki ta Jihar Katsina mai wakiltar Bakori, ita ce aka fi barinta a baya, kamar dai ba ta da wani tasiri. Alhali kuwa a wannan majalisa ake zartar da kasafin kuɗin da ke gina ajin firamare a Kabomo ko ya bar shi a rushe, a nan ake yin dokar ƙananan hukumomi da ta masarautu, a nan kuma ake tantance kwamishinoni. Saboda haka ya dace mu waiwaya mu ga yadda wannan kujera ta samo asali, da irin hannuwan da ta bi, da kuma shekarun da ta yi babu kowa a kanta.

Zamanin En'e da zaɓen hawa-hawa

Kafin 1947 babu wata majalisa a Arewa da talaka zai ce yana da wakili a cikinta. Mutumin Tsiga ko Guga in yana da kuka, hanyarsa guda ce: mai unguwa, dagaci, hakimi, sa'an nan fadar Sarkin Katsina, Di'o da Razdan kuwa suna sa ido daga gefe. Tsarin mulkin Gwamna Richards ne ya kafa Majalisar Wakilai ta Jihar Arewa da Majalisar Sarakuna a Kaduna, kuma waɗanda suka zauna a ta wakilan a farkon al'amari ba ƙuri'ar jama'a ce ta kai su ba, hukumomin En'e ne suka tsamo su daga cikin ma'aikatansu da 'yan majalisarsu.

A 1951, ƙarƙashin tsarin mulkin Gwamna Macpherson, aka yi abin da za a iya kira zaɓe na farko, inda aka ware kujeru 90 na zaɓaɓɓu. Sai dai zaɓen na hawa-hawa ne. Maza masu biyan haraji za su taru a ƙauye su fitar da mutane, waɗannan su tafi gunduma su fitar da wasu, haka ake ta tacewa har a kai mataki na ƙarshe a lardi, inda za a fitar da masu tafiya Kaduna. Bugu da ƙari, an bai wa En'e damar cusa nata mutanen, har kashi goma cikin ɗari, a matakin ƙarshen. Wannan ƙofa ce ta karya jam'iyyar NEPU, wadda aka kafa a Kano ranar 8 ga Agusta 1950: a birnin Kano ta yi rinjaye a matakin farko, amma da aka zo na ƙarshe ba ta fita da kowa ba. A Lardin Katsina ma, zamanin Sarki Usman Nagogo, waɗanda suka kai Kaduna galibinsu manyan ma'aikatan En'e ne da 'ya'yan sarauta. Daga cikinsu akwai mutane masu ƙwazo na gaske, irin su Alhaji Isa Kaita wanda ya riƙe ministan ayyuka, daga baya na ilmi, a gwamnatin Sardauna. Ba ana musun hidimarsu ba ne. Abin lura shi ne, manomin audugar da ke kai kayansa kasuwa a ƙasar Bakori, a ɗauka zuwa injin gurza na Funtuwa, a loda wa jirgin ƙasa, guminsa na cikin abin da ke cika baitulmali, amma muryarsa takan ɓace tun a mataki na biyu.

A zaɓen 1956 an raba Arewa zuwa mazaɓu masu wakili ɗaya-ɗaya, aka yi ƙuri'ar kai tsaye a wasu 'yan birane, karkara kuwa aka bar ta da tsohon tsari. Sai a zaɓen tarayya na 1959 da na Jihar Arewa na 1961 mutumin ƙauye ya jefa ƙuri'arsa cikin akwati da hannunsa. Ko a nan ma maza kaɗai ne. Iyayenmu mata ba su samu wannan 'yanci ba sai a zaɓen ƙananan hukumomi na 1976 da babban zaɓen 1979. Jam'iyyar NPC ce ta mamaye majalisar, kuma kowa ya ji labarin abin da ɗan adawa kan gamu da shi a wancan zamani a hannun 'yan doka da kotun alƙali. Ranar 15 ga Janairu 1966 soja suka yi juyin mulki, aka rufe zauren Lugard Hall, aka sallami kowa.

Shekara goma sha uku da watanni aka yi babu majalisa. A cikinsu ne aka yi canje-canjen da suka fi shafar ƙasarmu, ba tare da an tambayi wani wakilinmu ba. Ranar 27 ga Mayu 1967 Janar Gowon ya haɗa Lardin Katsina da na Zariya ya kira su Jihar Arewa ta Tsakiya, wadda aka sake wa suna Jihar Kaduna a 1976. A 1975 aka fara shirin bunƙasa aikin gona na Funtuwa da tallafin Bankin Duniya, wanda ya haɗa da gundumar Bakori, ya kawo takin zamani da sabon irin masara da hanyoyin karkara. A 1976 aka yi gyaran ƙananan hukumomi, aka kawo ƙarshen mulkin En'e, gundumar Makaman Katsina ta faɗa cikin Ƙaramar Hukumar Funtuwa tare da Faskari da Ɗandume da Sabuwa da Ɗanja.

Majalisar Kaduna, 1979 zuwa 1983

Wanda duk ke ganin ɗan majalisar jiha ba kowa ba ne, to ya karanta tarihin waɗannan shekaru huɗu. Tsarin mulkin 1979 ya ce kujerun majalisar kowace jiha su ninka na wakilanta a tarayya sau uku. Jihar Kaduna na da wakilai 33 a Legas, saboda haka majalisarta ta ƙunshi mutum 99, daga ƙananan hukumomi 14, bakwai daga cikinsu a tsohon Lardin Katsina. In an raba daidai, kowace ƙaramar hukuma ta tashi da kujeru kimanin bakwai ke nan. Mai karatu ya riƙe wannan lissafi, za mu dawo kansa.

Zaɓen 1979 ya haifar da abin da ba a saba gani ba. Jama'a sun zaɓi Alhaji Abdulƙadir Balarabe Musa na PRP a kujerar gwamna, ya kayar da Alhaji Lawal Kaita na NPN, amma kuma suka ba NPN kujeru sama da 60 a majalisa. Kakakin majalisar, Alhaji Mamman Abubakar Ɗanmusa, ɗan ɓangaren Katsina ne. Gwamna na hawa ya soke haraji da jangali, kamar yadda takwaransa Abubakar Rimi ya yi a Kano, abin da ya faranta wa talakan karkara rai, ya kuma girgiza masu sarauta waɗanda tara harajin na cikin ginshiƙan ikonsu. Majalisa kuwa ta ƙi amincewa da sunayen kwamishinonin da ya aika mata, ya sake aikawa ta sake ƙi, har ya kusa shekara biyu yana mulki babu kwamishina ko ɗaya. Ranar 23 ga Yuni 1981 majalisar ta tsige shi, ya zama gwamna na farko da aka tsige a tarihin Nijeriya, mataimakinsa Alhaji Abba Musa Rimi ya gaje shi.

Har yau dattawanmu ba su daina gardama a kan wannan al'amari ba. 'Yan santsi da 'yan taɓo da tsofaffin 'yan NPN kowa na da nasa bayanin. Ra'ayina shi ne majalisar ta yi amfani da ikonta wajen ramuwar gayyar faɗuwa zaɓe fiye da kare dukiyar jama'a, shi kuma gwamnan ya ƙi sassautawa ko da taku ɗaya, jiha ce ta yi asarar shekara biyu. Amma ko mutum yana wane ɓangare, ba zai musa cewa a lokacin kujerar ɗan majalisar jiha na da nauyi ba. Ƙuri'a ɗaya tana iya cika kashi biyu cikin ukun da ake bukata ko ta hana shi cika, don haka ake bin ɗan majalisa har gida. Lawal Kaita ya ci zaɓen 1983, bai cika wata uku cif a ofis ba soja suka dawo ranar 31 ga Disamba.

Jiha sabuwa, ƙaramar hukuma sabuwa

Ranar 23 ga Satumba 1987 gwamnatin Janar Babangida ta cire Jihar Katsina daga Kaduna. A 1989 Bakori ta samu ƙaramar hukumarta daga Funtuwa, daga baya Ɗanja ma ta fita ta tsaya da ƙafarta. Daga nan ne za a ce mazaɓar Bakori kamar yadda muka san ta a yau ta fara ɗaukar kamanni. Wani abin dariya kuma abin tunani shi ne, an matso mana da gwamnati kusa a kan takarda, amma a kan hanyar mota ba ta matso ba. Daga Bakori, Zariya nan ce kusa, Kaduna ma ba ta fi Katsina nisa ba. Mai zuwa sabon babban birnin sai ya ratsa Malumfashi ya yi ta tafiya arewa. Wannan nisa na cikin abin da ya riƙa hura wutar neman Jihar Karaɗuwa a shiyyar Funtuwa shekara da shekaru.

Majalisar Dokoki ta Jihar Katsina ta farko an zaɓe ta ranar 14 ga Disamba 1991, ƙarƙashin jam'iyyu biyun da soja suka ƙirƙira, SDP da NRC, lokacin da ake yin layi a fili a ƙirga mutane. Alhaji Sa'idu Barda na NRC ya ci gwamna, ya kayar da Malam Umaru Musa 'Yar'aduwa. Majalisar ta fara aiki a Janairu 1992, ba ta cika shekara biyu ba Janar Abacha ya rushe ta a Nuwamba 1993. Sai kuma wani zaɓe da mutane da yawa suka manta: na 6 ga Disamba 1997, ƙarƙashin jam'iyyu biyar na zamanin Abacha. An kashe kuɗi, an yi yawon neman ƙuri'a, an bayyana waɗanda suka ci, amma ba a taɓa rantsar da su ba. Abacha ya rasu ranar 8 ga Yuni 1998, Janar Abdulsalami ya soke shirin gaba ɗaya.

In aka haɗa lissafi, daga samun mulkin kai a 1960 zuwa 1999 shekara 39 ne, amma shekarun da muka yi da zaɓaɓɓen wakili a majalisar yanki ko ta jiha ba su kai 12 ba. Sauran duk gwamnan soja ne ke yin doka da alƙalaminsa, kantoma na riƙe da ƙaramar hukuma. Ina ganin wannan ne asalin raina kujerar da muke yi. Mutanen da suka girma suna ganin mutum ɗaya ke yanka ya raba, da wuya su yarda cewa wani ɗan majalisa na da ta cewa. Sun fi gane su nemi wanda ya san gwamna.

Daga 1999 zuwa yau

Zaɓen 9 ga Janairu 1999 ya buɗe zango mafi tsawo da majalisar ta taɓa yi ba tare da an katse ta ba. Tsarin mulkin 1999, a sashe na 91, ya ƙayyade cewa majalisar jiha kada ta gaza mutum 24, kada kuma ta wuce 40. Jihar Katsina na da ƙananan hukumomi 34 tun 1996, sai aka ba kowace kujera guda. Ga inda lissafin da muka ajiye ɗazu zai yi amfani. Tsohuwar Ƙaramar Hukumar Funtuwa ta rabu gida shida, wato kujeru shida ke nan, bai ma kai matsakaicin rabon 1979 ba, alhali jama'a sun ninka. Ƙidayar 2006 ta ba Bakori mutum kusan 150,000, kuma duk wanda ya je kasuwar Bakori ko ya ga yadda unguwanni suka bazu ya san an wuce nan nesa. Mutum ɗaya ke wakiltar gundumomin zaɓe 11: Bakori A da B, Tsiga, Kurami da 'Yankwani, Kabomo, Guga, Kakumi, Jargaba, Kandarawa, Dawan Musa, sai Barde da Kwantakwaram.

Rabon kujera ɗaya ga kowace ƙaramar hukuma yana da sauƙin fahimta, amma ba shi ne abin da tsarin mulki ya nufa ba. Sashe na 113 ya ce a daidaita yawan jama'ar mazaɓu gwargwadon iko, na 114 kuma ya ɗora wa Hukumar Zaɓe sake duba iyakoki bayan shekara goma. A ƙidayar 2006 Ƙaramar Hukumar Katsina ta haura mutum 300,000, Kusada ba ta kai 100,000 ba, amma kowace ƙuri'a ɗaya take da ita a zauren. Iyakokin da aka yi zaɓen 2023 da su, asalinsu tun shatawar 1996 ne. Mu a Bakori wannan rabo bai cuce mu sosai ba, don muna kusa da matsakaici. Maƙwabtanmu na Funtuwa da Ƙanƙara su ne ke da abin kuka.

Ta fuskar jam'iyya kuwa, majalisar ta fi bin inda gwamna ya karkata. Zamanin 'Yar'aduwa da na Barista Ibrahim Shema, daga 1999 zuwa 2015, PDP ce ke da rinjaye, ko da guguwar CPC ta 2011 ta kwashe kujerun sanata uku na jihar. A 2015 guguwar APC ta juya al'amarin, Alhaji Aminu Bello Masari na Ƙafur, maƙwabcinmu, ya zama gwamna, a 2019 kuma kujeru 34 duka suka zama na jam'iyya ɗaya. Majalisar ta yi dokoki masu nauyi a wannan zango, kamar ta shari'ar Musulunci a 2000 da wadda ta kafa jami'ar jiha a 2006. Amma majalisar da babu ɗan adawa a cikinta takan rasa mai tayar da tambaya. A 2015 gwamnatin jiha ta rushe zaɓaɓɓun shugabannin ƙananan hukumomi, aka koma hannun masu riƙon ƙwarya, ba a sake zaɓe ba sai Afrilu 2022, bayan Kotun Ƙoli ta yanke a Mayu 2021 cewa rushewar ta saɓa wa tsarin mulki. Kusan shekara bakwai Bakori ba ta da zaɓaɓɓen shugaba ko kansila, gyaran kuma daga kotu ya zo, ba daga zauren da muke da wakili ba.

Zangon 2019 zuwa 2023 shi ne mafi nauyi a tarihin kujerarmu. Mai riƙe da ita, Alhaji Abdurrazaƙ Isma'ila Tsiga, ya rasu a 2020. An shirya zaɓen cike gurbi a ƙarshen Oktoba, tarzomar EndSARS ta sa aka ɗage shi zuwa 5 ga Disamba 2020, Dokta Ibrahim Aminu Kurami na APC ya yi nasara. Bai cika shekara a kai ba, cikin Satumba 2021, 'yan bindiga suka shiga gidansa a Kurami da dare suka tafi da maiɗakinsa da 'ya'yansa biyu. Cikin watan nan ne aka katse layukan wayar salula a ƙananan hukumomi 13 na jihar, har da Bakori, kuma babu wani mazaunin birni a cikinmu da zai manta watannin da sai dai a ba direban mota saƙo, ko a jira wani ya fita inda waya ke kamawa, kafin a ji lafiyar iyaye. A Oktoba 2022 Dokta Kurami ya rasu a Madina bayan ya yi Umara, saura wata biyar a yi zaɓen jihohi. Allah ya jiƙansu duka. Wakilai biyu ke nan cikin zango ɗaya, a daidai lokacin da ƙasar ta fi bukatar mai magana da yawunta. A farkon Fabrairu 2023 mutanen ƙauyukanmu suka bi sawun shanun da aka sace, aka yi musu kwanton ɓauna a dajin 'Yargoje na ƙasar Ƙanƙara. 'Yan sanda sun ce mutum 41 suka rasu, mutanen gari kuwa sun ce adadin ya fi haka.

Zaɓen 18 ga Maris 2023 ya kai kujerar Kandarawa, hannun Alhaji Abdurrahman Ahmad. Tsiga, Kurami, Kandarawa: sau uku a jere wakilcin na fitowa daga garuruwan da ke kewaye, ba daga cikin garin Bakori ba, kuma su ne garuruwan da ke kwana da fargaba. A Fabrairu 2025 aka sace Birgediya Janar Maharazu Tsiga mai ritaya, tsohon shugaban hukumar masu yi wa ƙasa hidima, daga gidansa a Tsiga, bai kuɓuta ba sai a Afrilu.

Wani zai ce, to mene ne ɗan majalisar jiha zai iya a kan wannan, tun da tsarin mulkin 1999 ya sa soja da 'yan sanda a hannun tarayya? Gaskiya ne ba ya ba da umurni ga ko kurtu ɗaya. Amma rundunar tsaron al'umma da Gwamna Dikko Umaru Raɗɗa ya ƙaddamar a Oktoba 2023 da dokar majalisa aka kafa ta, kuɗin motocinta da alawus ɗin matasanta ta kasafin da majalisa ke zartarwa suke bi. Hanyar da za ta sa agaji ya isa Guga ko Kakumi cikin minti ashirin maimakon sa'a guda, layi ne a cikin wannan kasafi. Sashe na 128 ya ba majalisa ikon kiran kowane kwamishina ta bincike shi a kan yadda aka kashe abin da ta ware. Waɗannan su ne ma'aunin da ya kamata a auna wakili da su, ba yawan buhunan shinkafar azumi ko baburan da ya raba ba, ko da yake mu da kanmu muka koya wa 'yan siyasa cewa wannan muke so.

A nan ne abin ya zo kanmu, mu mazauna birane. Yawancinmu katin zaɓenmu na Kano ne ko Kaduna ko Abuja, saboda haka ranar zaɓen ɗan majalisar Bakori ba mu da ko ƙuri'a ɗaya, duk da kuɗin da muke aikawa gida da gudummawar da muke tarawa in an yi rashi ko an nemi kuɗin fansa. Sashe na 110 ya ba jama'a ikon yi wa wakilinsu kiranye, amma sai fiye da rabin masu rajista a mazaɓar sun sa hannu, sa'an nan a yi ƙuri'ar raba gardama cikin kwana 90. Wanda rajistarsa ke Legas ba ya cikin lissafi. Dokar zaɓe ta yarda mutum ya nemi a mayar da rajistarsa gida in an buɗe lokacin rajista, gyaran tsarin mulki na 2018 kuma ya sauko da shekarun tsayawa takarar wannan kujera daga 30 zuwa 25. Sa'an nan a mazaɓar da jam'iyya ɗaya ta fi ƙarfi, ainihin zaɓen shi ne na fid da gwani, inda shugabannin jam'iyya na gundumomi 11 ke da babbar murya, mu kuwa ba mu cika sanin ko sunayensu ba.

Majalisar da aka rantsar a Yuni 2023 wa'adinta na ƙarewa a Yuni 2027. Kafin nan, shawarar da nake ba kwamitin zartarwa na ƙungiyarmu ita ce a tura mutum biyu zuwa ofishin akawun majalisa a Katsina su nemo rubutaccen bayanin zamanta tun daga 1999, a fitar da kowane ƙudiri da wakilin Bakori ya gabatar, da abin da aka ware wa ƙaramar hukumar a kasafin kowace shekara, a buga su gunduma-gunduma a fitowar mujallar nan ta baɗi, a kuma aika wa Makama da dagatai kwafinsu.